Filin Tambayoyinku: Gem ya cika min C, ina lanca take zuba kayan ne?

Assalamu alaikum jama'a. Saƙonnin da suka taru min wannan karon kusan duk kukansu ɗaya ne, gem ya cinye waje a kwamfuta, ko an ɗauke shi daga inda yake ya ƙi tashi, toh sai naga gara in haɗa su waje ɗaya kawai. Wasu na ɗan rage musu tsayi, amma maganar masu ita ce. Lanca dai ita ce manhajar da ake sauke gem kuma a kunna shi ta cikinta, irin su Steam da Epic, C da D kuma haruffan ma'ajiyar kwamfuta ne, wato diraif.

Daga wani ɗalibi a Zariya: Malam barka da aiki. Laftof ɗina tokumbo ce, C ɗinta 256GB D kuma 1TB. Na sauke eFootball da GTA V a Steam, yanzu C ta yi ja saura 6GB har Windows ma ta ƙi yin afdet. Abokina yace in yi Cut ɗin foldar GTA in kai D, na yi, sai kawai Steam ya nuna min Install kamar ban taɓa saukewa ba. Wlh dare nawa na yi ina raba ido da datar dare kafin ya gama. Dan Allah asara na yi kenan?

Ƙanena kwantar da hankalinka, indai foldar nan tana D kuma ba ka goge ta ba toh baka yi asarar ko MB ɗaya ba. Abu ɗaya dai, kar ka sake ka danna Install ɗin nan yanzu sai ka gama karanta wannan.

Abinda abokin naka bai sani ba shine Steam baya bin kwamfuta yana leƙa folda folda yana neman gem, littafi gare shi. Kaga yadda ake yi a tasha ai, mota ko tana tsaye a tsakiyar tasha kowa na ganinta, in ɗan kamasho bai rubuta ta a littafin layi ba toh bata cikin masu lodi. Haka lanca take, ko wace iri ce. Shi Steam in baka canza masa komai ba ga inda yake zuba gem:

C:\Program Files (x86)\Steam\steamapps\common

Ko wane gem da foldarsa a cikin common ɗin. In ka koma baya taki ɗaya ka tsaya a steamapps zaka ga wasu ƙananan fayil masu suna appmanifest da lamba a gaba, su ne littafin. Na GTA V shine appmanifest_271590.acf, na eFootball 1665460, na Counter-Strike 730, lambar nan kuma ita ce dai wadda zaka gani a adireshin shafin gem ɗin a kantin Steam. Fayil ne ɗan mitsitsi wanda ko Notepad zai buɗe, amma a ciki aka rubuta sunan foldar gem ɗin da girmansa da afdet ɗin da yake kai. Kai ka ɗauke motar ka kai wata tasha, littafin yana nan a tsohuwar, a sabuwar kuma ba wanda ya san da zuwanta, kai ita D ɗin ma Steam bai san tasha bace tukunna.

Toh gyaran. Buɗe Steam, a can sama ta hagu ka danna Steam ka shiga Settings sannan Storage. Zaka ga sunan C a sama da ɗan kibiya, danna ka zaɓi Add Drive ka nuna masa D, zai ƙirƙiri folda da kansa mai suna SteamLibrary a can. Masu tsohon Steam da basu yi afdet ba tun kafin a canza masa fuska a 2023, su a ƙarƙashin Downloads suke ganin abin da sunan Steam Library Folders, abu ɗaya ne. Yanzu ka shiga D ka buɗe SteamLibrary sannan steamapps, in babu common a ciki ka ƙirƙira da hannunka, ka tura foldar GTA ɗin ciki. Sunanta ya zama yadda yake tun asali, Grand Theft Auto V, kar ka mai da shi GTA5 ko "gem ɗina", harafi ɗaya ka canza bazai gane ta ba. Sai yanzu ne zaka danna Install, in ya tambaye ka inda zai saka ka zaɓi D. Maimakon ya fara ja daga intanet zaka ga ya rubuta yana duba fayilolin da ya tarar, zai ɗau lokaci sosai tunda gem ne mai wajen 100GB akan haddis, barshi kawai ka je ka ci abinci. In ya gama abinda zai sauke sai afdet ɗin da ake binka in akwai.

Shi kuma eFootball da yake nan C har yanzu, baka buƙatar duk wannan wahalar. A Storage ɗin nan dai zaka ga jerin gem ɗinka da girman ko wanne, yi masa alama ka danna Move ka zaɓi D, Steam zai kwashi kayan ya gyara littafinsa da kansa, ba ruwansa da data. In kana so duk wanda zaka sauke nan gaba ya dinga tafiya D kai tsaye, zaɓi D ɗin ka danna ɗigo ukun nan ka ce Make Default. In kuma so kake kaga inda wani gem yake kawai, a Library ka danna masa maus ta dama, Manage, Browse local files, shikenan zai buɗe maka foldar.

Amma ni da nine kai bazan kwashe duka in kai D ba. Irin laftof ɗin nan mai 256 da 1TB yawanci ƙaramin SSD ne babban kuma haddis mai juyawa, kana iya tabbatarwa a Task Manager ɓangaren Performance, zai rubuta maka SSD ko HDD a jikin ko wanne. Haddis na laftof da kyar yake wuce 100MB da ɗoriya a daƙiƙa, SSD na SATA yana kai 500, NVMe kuwa dubbai yake yi, kaga in ka kai gem ɗin da kake bugawa kullum can toh an yi gudun gara an faɗa gidan zago, waje ya samu amma lodin sai ka gaji da kallon allo. Wanda kafi bugawa bar shi a C, babban da sai ƙarshen mako kake taɓawa shi ya tafi D. Kuma 256 ɗin ma ai 238 Windows take nuna maka, ba cutarka aka yi ba lissafin ne ya bambanta, haka 1TB zaka ganshi 931.

Sannan maganar Cut. Na roƙe ku ku daina yi wa babbar folda Cut, Copy ake yi sai an tabbatar sabon yana tashi a goge tsohon. Ni kaina na taɓa ƙonuwa, destof ce ba UPS, ina tsaka da kwashe gem ya kai kashi 60 da wani abu aka ɗauke wuta, da aka dawo da ita rabi na nan rabi na can, wani fayil ɗin ma ya tsaya a tsakiya, haihuwar guzuma kenan ɗa kwance uwa kwance. Sai da na haɗa su waje ɗaya na sa lancar ta yi Verify, wato ta tantance fayilolin ta cike giɓin, ya ci min data ba kaɗan ba.

Daga wani mai gidan gem a Maraɗi: Salam malam. Ina da GTA V a Epic tun lokacin da suka bada shi kyauta, yana kan kwamfuta ɗaya a shagona. Na ƙaro sabon SSD ina so in mai da shi can, na kwafa foldar na je instol na nuna masa wajen sai yace wai dole foldar ta zama ba komai a ciki. Ya ake yi ne? Kuma in abokina ya kwafa daga wajena zai yi masa aiki?

Wa alaikumus salam Alhaji, Allah ya kawo kasuwa. Kana cikin waɗanda suka ci rabon watan Mayun 2020 kenan, makon da jama'a suka yi wa kantin Epic rubdugu har ya tsaya cak saboda GTA ɗin nan.

Epic tana da ɗan taurin kai akan wannan. Ita a C:\Program Files\Epic Games take zuba gem in baka canza ba, foldar naka sunanta GTAV a haɗe, kuma duk sanda ka danna Install tana nuna maka wajen da zata saka da maɓallin Browse, nan ne yawancin mutane suke wucewa da gudu basu duba ba sai daga baya a zo ana kuka. Littafinta kuma ba a kusa da gem ɗin yake ba sam, yana can C:\ProgramData\Epic\EpicGamesLauncher\Data\Manifests, ita ProgramData ɗin ma ɓoyayya ce sai ka shiga View ka kunna Hidden items zaka ganta.

Dabarar da aka saba yi, wadda su kansu suka rubuta a shafinsu na taimako, ɗan wayo ne ake yi wa lancar. Ka fara kwafe foldar GTAV gaba ɗaya ka ajiye a wani waje, tunda ka riga ka kwafa zuwa sabon SSD ɗin toh canza mata suna kawai, ka ce GTAV-ajiya misali. Duba girmanta ka kwatanta da na asalin ka tabbata sun zo ɗaya, wannan matakin kar ka tsallake shi dan Allah, domin abinda ke biye shine Uninstall a cikin Epic kuma in ya goge ya goge. Bayan nan ka danna Install, ka yi Browse ka zaɓi sabon SSD, ka bari ya fara saukewa. Su sun ce a bari ya kai kashi 2 zuwa 3, ni dai da naga ya ƙirƙiri foldar ya ja 'yan MB nake tsayar da shi, tunda kashi 3 na GTA ai giga uku kenan, ba ƙaramar data bace. Ka danna ɗigo uku ka yi Cancel Install, ka rufe lancar rufewa ta gaske, ba danna X kawai ba, ka duba can ƙasa kusa da agogo ka yi mata Exit domin tana laɓewa a nan. Sai ka kwashe duk abinda ke cikin GTAV-ajiya ka zuba a sabuwar GTAV da ta ƙirƙira, in Windows ta tambaya ka ce ta maye gurbin na ciki. Buɗe Epic ka danna Resume, zata bi fayilolin tana tantancewa, ta ga ashe komai ya zo.

Akwai masu shiga Manifests ɗin su buɗe fayil mai ƙarewa da .item a Notepad su canza InstallLocation da sauran layukan da hannu. Yana yi, amma ba waje ɗaya ake gyarawa ba, akwai wani fayil ɗin daban LauncherInstalled.dat da shima yake riƙe da adireshin, kuma ko wace sandar adireshi, wato \, biyu biyu ake rubuta ta a ciki, ka manta ɗaya lancar ta daina ganin gem ɗin, garin gyaran gira a rasa ido. Kwamfutar da ake neman abinci da ita ban baka shawarar wannan ba.

In kana da ɗan hannu a cmd, wato tagar rubuta umarni ta Windows, akwai wata hanyar da nafi so ma, bata cin data ko ƙwaya. Ka rufe Epic, ka kwafa foldar zuwa D misali D:\Games\GTAV, ka canza wa ta asalin suna, ka buɗe cmd a matsayin administrator ka rubuta:

mklink /J "C:\Program Files\Epic Games\GTAV" "D:\Games\GTAV"

Abinda zai faru shine Windows zata dasa wata 'yar ƙofa a tsohon adireshin, duk wanda ya ƙwanƙwasa a C sai ya tsinci kansa a D bai sani ba, Epic tana nan tana zaton kayanta basu motsa ba. In gem ya tashi lafiya sai ka goge tsohuwar da ka canza wa suna. Sharaɗin kawai kar a samu folda mai suna GTAV a C ɗin lokacin da kake rubuta umarnin, shi yasa nace ka canza sunan tukunna.

Maganar abokinka kuwa, fayil daban mallaka daban. In shima yana da GTA V a akawun ɗinsa na Epic toh kwafin naka zai hutar da shi saukewa, ya bi matakan can na sama. In bashi da shi, ko ya kwafa sau goma maɓallin saya zai gani, ga kuma Rockstar Games Launcher da shima sai ya tantance akawun kafin gem ya buɗe. Kuma ya kula, na Epic na Epic ne, kar ya ɗauka ya kai wa Steam yace lallai sai ya karɓa, sannan tun Maris 2025 GTA V ɗin kansa ya rabu biyu a kwamfuta, Legacy da Enhanced, fayilolinsu ba ɗaya bane. Inda kwafi yake da daɗi sosai shine gem na kyauta irin Fortnite da eFootball da Dota 2, mutum ɗaya ya sauke unguwa guda ta kwafa. Shi Steam ma in kwamfutocin shagon suna kan rauta ɗaya yana iya jan gem daga ɗaya zuwa ɗaya da kansa, a Settings ɓangaren Downloads ake kunna abin.

Daga Kaduna: Oga na sa gem ɗina a haddis na estanal, jiya yana yi yau Steam yace babu. Ban goge komai ba.

Ɗan'uwa ina kyautata zaton harafi ne ya canza. Windows tana raba haruffa ne bisa wanda ya riga zuwa, jiya estanal ɗinka shine E, yau ka riga ka soka filash ko ka jona wani abu ya karɓe E ɗin sai naka ya koma F, shi kuwa Steam a littafinsa E ya rubuta. Danna maɓallin Start da maus ta dama ka shiga Disk Management, nemo estanal ɗin, Change Drive Letter and Paths, ka mai masa da harafinsa na da. In kana son maganin abin na dindindin ka bashi harafi na can nesa irin X wanda ba filash ɗin da zai taɓa kaiwa can, sannan ka koma Storage a Steam ka yi Add Drive ka nuna masa SteamLibrary ɗin da ke ciki, gem ɗin duk zasu dawo. Kuma ka riƙa soka shi kafin ka buɗe Steam, in ka manta ka yi masa Exit ka sake buɗewa.

Tunda an zo nan bari in ƙara biyu. Duba Properties ɗin estanal ɗin, in FAT32 ne bazai karɓi fayil ɗaya da ya kai 4GB ba, gem na yanzu kuwa cike suke da irinsu, NTFS ake so. Sannan ka soka shi a ramin USB 3.0, yawanci mai shuɗin ciki, na 2.0 ɗin zai sa ka tsani gem ɗin. Wayar ma in ta fara sako-sako canza ta, ɗan motsi kaɗan ana tsaka da wasa sai gem ya rufe.

Daga wata malamar makaranta a Kano: Assalamu alaikum. Laftof ɗin aikina ce nake barin yarona yana taɓawa in ya gama karatu, yanzu ko sakamakon jarabawa in zan ajiye sai tace ba waje. Yace gem biyu kawai ya saka, ni kuma na duba Downloads da Desktop banga komai mai nauyi ba. Ina suke ɓuya? Bana so in goge abinda zai lalata min aiki.

Wa alaikumus salam Malama, sannu da ƙoƙari. Yaron zai iya yiwuwa gaskiya ya faɗa, gem biyu na zamanin nan sun isa su cika laftof, EA Sports FC kaɗai, wato FIFA da aka canza wa suna a 2023, wajen 100GB suke cewa a tanadar masa. Abinda kike gani a Desktop ɗan hoto ne kawai mai nuna hanya, ko kin goge shi kayan suna nan.

Hanya mafi sauƙi ki shiga Settings na Windows, System, Storage, zai rarraba miki abinda ya ci wajen, ki danna ɓangaren manhajoji ki jera su bisa girma. Wani lokacin gem baya nuna girmansa a nan, toh sai ki sauke wata 'yar ƙaramar manhaja kyauta WizTree ko WinDirStat, zata zana miki C ɗin gaba ɗaya ko wace folda da girmanta, wadda ta fi kowa ƙiba a sama. Sunayen da zaki sa wa ido: steamapps, Epic Games, EA Games, XboxGames, Riot Games. In kinga hiberfil.sys ko pagefile.sys masu nauyi ki barsu, na Windows ne.

Wata dabarar kuma, ki ce ya kunna gem ɗin, yana cikin yi ki danna Ctrl da Shift da Esc tare, Task Manager zai fito, ki danna sunan gem ɗin da maus ta dama ki zaɓi Open file location, zai kai ki har ɗakin da yake kwana. Na fi yarda da wannan akan bin hoton Desktop, domin na Steam ba hanyar folda yake nunawa ba, saƙo ne kawai yake aika wa Steam ɗin.

In kin gano su kar ki goge foldar da hannu Malama, ki zaunar da shi ya buɗe lancar ya yi Uninstall a gabanki, in ba haka ba littafin zai ci gaba da cewa gem na nan, wata rana ya danna ta fara sauke shi sabo da datarki. In kuma akwai D mai waje a laftof ɗin toh ba sai an yi rigima ba, ya mai da su can kowa ya huta. Ni dai a ganina laftof ɗin da sakamakon ɗalibai ke ciki ya kamata a ce yaro yana da akawun ɗinsa daban a Windows wanda ba administrator ba, ko ba komai sai ya nemi izininki kafin ya saka yawancin abubuwan nan.

Daga Bauchi: Na shiga Settings na Windows na canza inda sabbin manhajoji zasu dinga zama zuwa D amma EA app har yanzu C yake kaiwa.

Wancan saitin na Microsoft Store ne da abinda ya fito daga gidansu, sauran lancoci ko kallonsa basa yi, kowacce da nata. A EA app ka shiga Settings, Download, zaka ga Install location ka canza daga C:\Program Files\EA Games zuwa inda kake so. Amma fa na gaba zai shafa, wanda ka riga ka saka yana nan inda yake. Masu neman Origin, tsohuwar lancar EA, kuma su haƙura, EA ta rufe shi a Afrilun 2025.

Sauran a gurguje tunda an tambaya: Ubisoft Connect da Battle.net sun fi kowa sauƙin kai, ka kwafa foldar duk inda kaga dama, a ƙarƙashin maɓallin saukewa akwai ɗan rubutu mai cewa Locate, ka nuna musu wajen shikenan. Xbox app a C:\XboxGames yake zubawa, ana canza shi a Settings ɓangaren Install options, wanda aka riga aka saka kuma a Manage sannan Files ake sauya masa diraif. In kaga folda mai suna WindowsApps ta ƙi buɗuwa rabu da ita, kar ka ce sai ka ƙwace ikonta.

Daga Sakkwato: Malam zan kai kwamfuta a yi mata fomat a ɗora sabuwar Windows. Gem ɗina duk na mai da su D. Sebin ɗina ma ya tsira kenan ko?

A'a fa ɗan'uwa, tsugune bata ƙare ba. Gem ɗin sun tsira indai mai gyaran C kaɗai zai taɓa, in ka dawo ka saka Steam ka yi Add Drive ka nuna masa D:\SteamLibrary duk zasu fito tunda appmanifest ɗinsu yana tare da su a can. Na Epic kuwa littafin a C yake zai tafi da fomat ɗin, sai ka yi dabarar da na faɗa wa Alhajin Maraɗi.

Amma sebin, wato inda ka tsaya a wasa, yawanci baya bin gem in ya yi ƙaura, a C yake zamansa. Na GTA V yana Documents\Rockstar Games\GTA V\Profiles, na FIFA 23 yana Documents cikin foldar FIFA 23, wasu suna Saved Games, wasu da yawa suna AppData wadda itama ɓoyayya ce, ka danna maɓallin Windows da R ka rubuta %appdata% ko %localappdata% zata buɗe. Steam kuma yana da userdata a cikin foldarsa. Waɗanda ke da Steam Cloud zasu dawo da kansu in dai sun samu intanet sun tura na ƙarshe, ƙungiyarka ta eFootball ma a sabar Konami take ba a kwamfutarka ba, amma gem na labari da kake bugawa ba data kar ka dogara da kowa. Kwafe Documents da Saved Games da AppData gaba ɗaya ka kai D, ko mafi kyau filash ɗin da zai kwana a aljihunka.

Kafin ka fita ka leƙa Disk Management. In kaga C da D duk a layi ɗaya suke ƙarƙashin Disk 0, toh haddis ɗaya ne aka raba biyu, kuma a allon ɗora Windows ba a rubuta C ko D, lambobi ne kawai da girma, nan ne hannu yake zamewa a goge wanda ba shi ba. Sa wa D ɗin suna tun a gida, ka rubuta girmansa a takarda, in ka je ka ce wa mai gyaran mai giga kaza ɗin nan kar a taɓa, kuma ka tsaya a kansa har ya wuce wannan allon kafin ka tafi sallah ko cin abinci.